Turke kafin igiya: yadda na sake koyon shiga rijiya

Yasar rijiya gado ce a gidanmu a nan Daura, kuma yadda na taras ana yinta babu wani ɓoyayyen abu a ciki. A kafa gwafa biyu, a gitta itace a kai, a ɗaura wa mai shiga igiya a ƙugu, ƙarti uku ko huɗu su riƙe ɗaya bakin. Shi kuma yana sauka yana taka ramukan da aka sassaƙa a jikin bango, igiyar ba ta ɗaukar nauyinsa sai in ƙafa ta zame. Haka mahaifina ya yi har ƙarfinsa ya ƙare, Allah ya jiƙansa.

Sai dai rijiyoyin sun canza. Na yanzu zoben siminti ake jera musu tun daga ƙasa har baki, sumul, babu inda yatsan ƙafa zai kama. Masu lambu kuma sun koma saka sumo, wato famfon da ake zurawa cikin ruwa, da sola, don haka yawancin kiran da ake mini ba na kwashe laka ba ne, na ciro famfon da igiyarsa ta ruɓe ya faɗa ne, ko gyaran bututun da ya tsage a tsakiyar rijiya. Ma'ana nauyina gaba ɗaya yana kan igiya tun daga sama har ƙasa, hannuna biyu kuma suna bukatar aiki.

Ɗan yayata yana aikin hawa turakun sadarwa, kamfaninsu ya tura shi horo a kudu kan aikin igiya. Injiniya nake ce masa don tsokana. Ya zo Sallar Gani, ya biyo ni wani aiki, ya tsaya yana kallo har na fito. A hanyar komawa ya ce, "Kawu, in ka suma a can ƙasa, wa zai fito da kai, kuma da me?" Na ce ai ga yara nan a sama. Ya ce to su gwada ɗaga buhun gero ɗaya daga gaba 10 da igiyar tana gogar itace, mu gani. Mun gwada washegari. Sun ɗaga, amma da nishi da hutawa, kuma buhun ba ya kama bango, ba ya lanƙwashewa, igiyar ba ta shaƙe masa haƙarƙari.

Dabarun da ya koya mini, yawancinsu ba daga aikin turaku ya ɗauko su ba. Akwai wasu mutane a Turai da Amurka da wasansu shi ne bin kwazazzabai masu zurfi da ruwa ya yanka cikin dutse, suna sauka da igiya daga wannan gangare zuwa wancan, wani lokaci cikin ruwan da ke zubowa. A jihar Yuta ta Amurka da tsaunukan Sifen da Faransa da Suwizalan ake yin abin sosai. Su ba su da gini ko ƙarfen da aka kafa musu a ko'ina, dole su nemi abin ɗaurewa a inda suka tsinci kansu: bishiya, dutsen da ya maƙale a tsaga, ko abin da suka binne da hannunsu. Halin da mai rijiya ke ciki a lambun ƙauye kenan.

Kayan da ya kawo ba su da yawa. Igiya biyu masu kaurin milimita 10 da rabi, irin waɗanda ba sa miƙewa sosai, bel na zama mai kama cinyoyi da ƙugu, hular kwano, ƙugiyoyi masu kulle, faffaɗan maɗauri irin bel ɗin kujerar mota, ƙarfen sauka mai siffar lamba 8, wanda muke ce wa takwas, da ƙananan kwarkwaro biyu na jan igiya. Ya nuna mini rubutun da ke jikin kowace ƙugiya. Lamba ta farko 20 ko sama da haka ce, ta biyu 7, kuma kowane ɗaya a lissafinsu kusan kilo 100 ne. Wato ƙugiyar da za ta ɗauki tan 2 idan nauyi ya bi tsawonta, in ta juya ta gicciye sai ta koma kusan kilo 700. Igiyar kuwa, ƙa'idar da ake ƙera irinta a Turai ta ce kada ta tsinke a ƙasa da kilo 2,200 da 'yan kai, ƙulli kuma yana rage mata wajen kashi ɗaya cikin uku. Shuɗiyar igiyar roba ta kasuwa da muka saba da ita babu wanda ya san ƙarfinta, rana tana cinye ta, zafin gogayya kuma yana narkar da ita da wuri. Tun daga ranar ta koma jan guga da kayan aiki kawai.

Ba a rijiya muka fara ba. Akwai wani tsohon ramin marmara a bayan gari inda tifofi suka daɗe suna ɗiba, gefensa ɗaya a miƙe yake kamar gaba 4, ƙasansa a bushe saboda rani ne. Can muka je da yarana biyu na aiki. Ina ɗokin in ga yadda takwas ɗin nan yake aiki, amma Injiniya ya hana a ko kwance igiya. Ya ce mu fara zagaya itatuwan wurin.

A nan ne kaɗai na fi shi sani. Shi girman gindi yake dubawa, ni kuma na san itatuwan. Akwai wata kuka da ta burge shi, na ce babba kam tana iya riƙewa don kaurinta, amma naman kuka taushi gare shi, reshenta ba abin amincewa ba ne. Zogale ko magana ba a yi. Darbejiya tana da kyau in tana da rai kuma gara ba ta shige ta ba, sai an ƙwanƙwasa an ji ba ta amsa kamar ganga ba. Wadda ke bakin ramin dab muka bari, don tifofi sun yanke rabin saiwarta. Muka tsaya a kan wata tsamiya da ke baya da taku kamar 8, gindinta ya fi ƙarfin rungumar mutum ɗaya.

Ɗaurin farko da ya nuna mini ya fi kowanne sauƙi. A naɗa igiyar kanta a gindin bishiya sau huɗu, ƙasa-ƙasa kusa da saiwa, a yi ƙulli mai siffar lamba 8 a bakinta, a maƙala shi da ƙugiya a jikin igiyar da ta tafi rami. Nauyi ba ya ma isa ƙullin, naɗin ne ke shanye shi, shi ya sa igiyar ke riƙe kusan dukkan ƙarfinta. Na biyu da faffaɗan maɗauri ake yi: a zagaya gindi sau uku, a ƙulla bakunan biyu a bar musu jela kamar tsawon yatsa ko fiye, a juya ƙullin ya kwanta a jikin bishiyar ta ɓangaren da ke fuskantar rami, sannan a jawo zagaye biyu a sa ƙugiya, a bar na ukun mai ƙullin yana manne. Ƙullin faffaɗan maɗauri yana silalewa a hankali, don haka kullum sai an duba jelar kafin a hau.

Abin da ya ɗaure mini kai shi ne maganar buɗewar igiya tsakanin turke biyu. A tunanina in ka raba nauyi tsakanin bishiya biyu, kowace ta ɗauki rabi, shi kenan. Ya ce haka ne kawai idan igiyoyin biyu sun taho kusan a jere. Da zarar sun buɗe, lissafi ya canza: a digiri 60 kowace tana ɗaukar kashi 58 cikin 100 na nauyin, a 90 kashi 71, a 120 kowace tana ɗaukar nauyin gaba ɗaya, a 150 kuwa kusan ninki biyu. Ban yarda ba sai da ya sa yaran suka riƙe igiya, jarkar ruwa na rataye a tsakiya, ya ce su ja baya har igiyar ta miƙe. Ba ta miƙe ba, hannuwansu ne suka fara rawa. Ma'aunin da ya ba ni na hannu ne: buɗe babban yatsa da manuni iyakar buɗewa, wannan wajen 90 ne, kada a wuce shi. Nan na tuna yadda wasu abokan sana'a ke ɗaure igiya tamau daga wannan bishiya zuwa waccan a saman rijiya su rataya kwarkwaro a tsakiya, suna ganin tsaurin nan shi ne ƙarfi.

Inda babu bishiya fa? Gonakinmu na arewacin Daura rairayi ne, wata rijiyar babu ko tumfafiya kusa da ita. Masu bin kwazazzabai binne dutse suke yi. Mu muka haƙa rami a gicciye, zurfinsa ya wuce gwiwa, muka ɗaure tsakiyar wani gungume da faffaɗan maɗauri, muka kwantar da shi, muka tsaga siririyar hanya don maɗaurin ya fito a kwance ba ya ɗaga gungumen sama ba, muka mayar da ƙasa muka tattake. Kafin kowa ya hau, mu huɗu muka ja shi da ƙarfi ta inda nauyi zai bi. Su ma can, in turke bai gamsar da su ba, mutum yana zama a baya ya maƙala kansa a matsayin na biyu, a fara sauke mafi nauyi ana kallon turken, mafi sauƙin jiki ya zo ƙarshe. Mota ma tana zama turke, in an ja birki, an sa duwatsu a tayoyi, an ɗaura a ƙarfen ƙasa mai ƙarfi ba a bamba ba, mukulli kuma yana aljihun wanda zai shiga ramin.

Saukar kanta ba ta ɗauki dogon bayani ba. A lanƙwasa igiya a cikin babban ramin takwas, a zagaya wuyansa, a maƙala ƙaramin ramin a bel, a murɗa kulle. Hannun dama yana ƙasa wajen cinya, shi ne birki, ba ya barin igiya ko kunama ce ta harbe ka. A ƙasan takwas ana naɗa wata siririyar igiya a jikin babbar, a maƙala ta a madaurin cinya. In hannu ya saki, ita ce ke cafkewa. Dangin ƙullin da wani ɗan Ostiriya mai suna Karl Prusik ya fito da shi a 1931 ne. Wurin da ya fi wuya shi ne baki. Jiki yana so ya tsaya a miƙe ya rungumi igiya, alhali abin da ake so ka buɗe ƙafafu, ka zauna baya kan iska har tafin ƙafarka ya kwanta a bango. Injiniya yana ta cewa, "Zauna, Kawu, zauna, bel ɗin ya riƙe ka." Na zauna da bismillah. A bakin marmarar mun shimfiɗa yankin tsohuwar taya, don igiyar da ke ɗauke da nauyi in ta gogi kaifi, nan da nan rigarta ke yagewa.

Da muka saba, ya ce in saka doguwar riga in sake sauka. Ina tsakiya ya ce in bar bakin rigar ya kusanci takwas. Ƙarfen ya haɗiye ta har ƙirji, na tsaya cak, ba sama ba ƙasa. Da gangan ya yi. Gemu yana shiga haka, igiyar laya tana shiga, carbin da aka rataya a wuya ma haka. Wannan ne ya sa masu sauka cikin ruwa ba sa ɗaure igiyarsu a mace. Suna wuce ta cikin ƙugiyar turke da wani naɗi mai ɗauke da sunan Werner Munter, wani jagoran hawan dutse na Suwizalan, su kulle shi da zarge mai warwaruwa, su bar ragowar igiya a jaka a sama. Mutum na maƙalewa, na sama ya warware zargen ya sassauta shi har ƙasa, domin wanda ya maƙale a ƙarƙashin ruwa mai zubowa ba ya da lokacin jira. Yaron aikina, wanda bai kai ni nauyi ba, shi ya sauke ni da hannu ɗaya a kan igiya.

A nan ne na ce masa dabarar Turawansa ta tsaya. Su mafitarsu a ƙasa take, mu tamu a sama. In na maƙale a rijiya aka sassauta ni, ruwa ko gurɓatacciyar iska aka kai ni. Ya yi shiru, ya ce gaskiya ne, sai muka juya tsarin. Igiya ta farko ta sauka ce, a ɗaure a turke, da ƙulli a ƙarshenta don kada in zarce. Ta biyu tana maƙale a bel ɗina tun daga sama, a turkenta daban, kuma an riga an shirya ta don ja: ta bi kwarkwaro a turke, ta koma gaba ta bi wani kwarkwaron da aka kama a jikinta da ƙullin Prusik, ta dawo hannun masu ja. A ja gaba 3, mutum ya tashi gaba 1, nauyin kuma ya ragu sosai ko da gogayya ta ci wani abu. Wani ƙullin a turke yana riƙe abin da aka samu in masu ja sun huta. Muka maimaita gwajin buhun gero, yara biyu suka fito da shi suna hira.

Wani dattijo da ke kallonmu ya ce me ya sa ba za a ɗaura wa shanun huɗa ba, kamar yadda ake jan wasaki a rijiyoyin makiyaya. Sa ba ya jin lokacin da kafaɗar mutum ta kama bakin zobe, ci gaba zai yi da tafiya. Babur da mota ma haka. Hannun mutum ne ke jin igiya ta yi nauyin da bai kamata ba ya tsaya.

Aikin farko da na yi da sabon tsarin a wani lambu ne a hanyar Zango, rijiya mai zurfin gaba 12, sumo ya faɗa da guntun bututunsa. Maimakon gwafa, bututun ƙarfe uku muka kafa a kan baki kamar murhu, muka ɗaure ƙafafunsu da sarƙa don kada su baje, muka rataya kwarkwaro a sama yadda igiya ba za ta taɓa siminti ba. Turke ɗaya mangwaro, ɗayan darbejiya. Igiyar jan mun saukar da ita ta bi wata ƙugiya a ƙasa-ƙasa kafin ta nufi turke, domin in aka ja ƙafa-uku ta gefe daga samanta, kifewa take yi.

Sai maganar iska, wadda babu ƙullin da ke maganinta. Iskar da muke shaƙa kashi 21 cikin 100 nata ne mai rayarwa, masu aikin ramuka kuma suna ɗaukar ƙasa da 19 da rabi a matsayin haɗari. Fitilar da iyayenmu ke zurawa tana da amfani, in ta mutu kada ka shiga. Amma takan ci gaba da ci a iskar da ta riga ta gaza wannan ma'aunin, kuma ba ta nuna hayaƙin inji sam. Injiniya ya aro na'urar gwaji daga wurin aikinsu muka zura ta har saman ruwa. Ranar da babu ita, muna buɗe rijiya tun safe, mu yi ta zura buɗaɗɗiyar lema muna jawowa don iskar ta juya, sannan fitila. Injin ban-ruwa mai fetur kuwa ba ya shiga rijiya, ba ya ma zama a bakinta, wannan ba a jayayya da ni a kai. Labaran da ake ji na mutum ya faɗi a rijiya, ɗan'uwansa ya bi shi ya faɗi, na uku ma ya bi, yawanci iska ce. Yarana sun san dokar: in na daina amsawa, ja za ku yi, ba shiga ba.

Mun tsayar da alamu kafin in sauka, don murya tana rikicewa a rijiya. Suna kirana a kai a kai, ina amsawa. A sama takwas ɗin yana da tauri saboda nauyin igiyar da ke rataye ƙarƙashina, ina ma tura ta da hannu. Da na yi nisa sai ya fara santsi, dole na ƙara matse birki. Sanyi ya fara daga ƙafa. Zoben siminti na ƙasa sun yi gansakuka, ƙafa ba ta kama komai, amma ban bukaci ta kama ba. Daf da ruwa na tsaya, na kulle takwas da naɗi, na saki hannu biyu a karon farko a rayuwata cikin rijiya ba tare da wani yana nishi a sama don ya riƙe ni ba. Na laluba da ƙugiyar ƙarfe har na kamo wayar famfon, na ɗaura masa shuɗiyar igiya. Ban bari a ja shi ina ƙarƙashi ba. Ni aka fara fitarwa, sannan shi.

Akwai gargaɗi ɗaya da Injiniya ya bar mana game da ramin marmarar da kwazazzaban da yara ke so su je su gwada abin da suka gani. Da damina ba a shiga, ko da sama tana tas a inda kake, don ruwan da aka yi a wani gari shi ke zuwa. A 1999 ambaliya ta kashe mutum 21 a wani kwazazzabo kusa da Intalaken a Suwizalan, a watan Satumban 2015 kuma ta kashe 7 a gandun Zayon na jihar Yuta, kuma da igiyoyinsu da kayansu suka shiga.

Igiyoyin yanzu a jaka suke kwana, nesa da rana da batirin sola, don ruwan batir yana cin su ba tare da ido ya gani ba. Bayan kowane aiki ina wanke su da ruwa zalla, in shanya a inuwa, in bi su da yatsu daga baki zuwa baki ina neman inda ya yi laushi ko ya kumbura.

Alhajin mai lambun bai ji daɗin lokacin da muka ɗauka ba. Ya ce mahaifina da tuni ya shiga ya fito ya sha fura kafin mu gama ɗaure-ɗauren bishiya, don haka zai rage wani abu a kuɗin. Na ce, "Alhaji, rijiyar da Baba ya shiga tana da wurin taka ƙafa, taka kuwa kai ka sa aka shafe ta." Ya yi dariya, ya biya yadda muka yi, ya ƙara wa yaran kwandon tumatir. Ya kuma tambaya ko za mu duba masa ta ɗaya lambun bayan sallar Juma'a. Na ce sai na fara zuwa na ga itatuwan da ke kusa da ita.